Seyni Kountché: yaron Fandu da ya tashi a barikin Faransa har ya gaje shi

Ranar 10 ga watan Nuwamba na 1987 Allah ya yi wa Janar Seyni Kountché rasuwa a asibitin Pitié-Salpêtrière da ke birnin Paris, yana da shekara 56, bayan ya mulki Nijar shekara 13 da kusan wata bakwai. Har gobe, in aka ambaci sunansa a majalisar dattawa ko a fadar matasa, sai mutane su rabu biyu. Wasu su tuno da buhunan hatsin da motocin soja suka kai ƙauyuka lokacin yunwa, da ma'aikacin gwamnati da ke tsoron taɓa dalar talaka. Wasu kuma su tuno da 'yan uwansu da aka ɗauke cikin dare, da shekarun da mutum ba ya iya sakin baki ko a gaban abokinsa. Alherin da tsoron duka daga wuri guda suka fito, wato barikin soja, inda aka kai shi tun yana yaro.

Filinge da barikin farko

An haifi Seyni Kountché ranar 1 ga watan Yuli na 1931 a Fandu, kusa da Damana, cikin ƙasar Tondikandiya. Bazabarme ne, ɗan gidan sarautar Zarmakoy na yankin. Tondikandiya na kudu da ƙasar Kurfai, dukansu a bakin Dallol Bosso, kuma a zamanin Turawa duk wata hukuma ta wannan yanki daga Filinge take fitowa, mai tazarar kilomita kusan 180 arewa maso gabas da Yamai.

A farkon shekarun 1900 sojan Faransa suka kafa sansani a Filinge. Wurin ya dace da buƙatarsu, domin yana kan iyakar manoma Kurfayawa da Zabarmawa da kuma Buzaye makiyaya na arewa. Suka ɗora Mayaƙi Gado Namalaya bisa sarautar Kurfai baki ɗaya, shi kuma ya riƙe musu ƙasar da ƙarfin dawakinsa. Daga wannan bariki ne umarnin karɓar haraji yake fitowa, da na ɗiban mutane aikin tilas, da na kama samari aikin soja. Shi ya sa a bakin Bahaushe kalmar bariki ta wuce ma'anar gidan soja kawai: ta zama sunan unguwar Turawa da ofisoshinsu, har da irin zaman da ake yi can, wanda ake kira barikanci.

Mutanen Kurfai ba su karɓi abin hannu biyu ba. A 1925, a garin Shikal kusa da Filinge, wasu sababbin iskoki suka hau kan wata mata mai suna Shibo. Iskokin nan Turawa ne da sojojinsu, akwai gwamna, akwai kwamanda, akwai kaftin da saje. Samari da 'yan mata suka bi ta, suna faretin soja da bindigogin itace, suna ƙin bin umarnin sarki da na Bature. Su ne aka sani da Hauka. Kwamandan Yamai na lokacin, Horace Crocicchia, ya sa aka kwaso su aka kulle, daga baya aka kai shugabanninsu nesa da gida. Amma abin bai mutu ba, har shi kansa Crocicchia ya koma ɗaya daga cikin iskokin, da sunan Kwamanda Mugu. 'Yan ci-rani suka kai Hauka har Accra, inda Jean Rouch ya ɗauki fim ɗinsa Les Maîtres fous da ya fito a 1955.

Shekara shida bayan abin da ya faru a Shikal aka haifi Kountché. Mutanen Shibo sun ari kayan bariki ta hanyar bori. Shi kuwa ta ƙofa ya shiga, ya koyi abin daga tushe.

Daga lakwal zuwa Kati

A Filinge ya yi makarantar boko ta farko. Daga nan aka tura shi makarantar yaran soja ta Kati, kusa da Bamako, a ƙasar da ake kira Sudan ta Faransa a lokacin, wato Mali ta yau, sannan ya wuce irin wannan makaranta a Saint-Louis ta ƙasar Senegal. Faransa ta buɗe waɗannan makarantu ne don ta samu ƙananan hafsoshi baƙar fata masu jin Faransanci, waɗanda za su tsaya tsakanin hafsa Bature da sauran sojoji. Yaro yana shiga da ƙuruciyarsa, a raba shi da gida, ƙaho ya tashe shi, ƙaho ya kwantar da shi. Komi yana da lokacinsa, kuma kowane laifi yana da horonsa. Ali Saïbou, wanda zai gaje shi wata rana, ya bi ta waɗannan makarantu, haka ma Mathieu Kérékou na ƙasar Benin.

A 1949 Kountché ya shiga rundunar sojan Faransa sosai. Aka kai shi yaƙin Indosin, wato Biyetnam ta yau da maƙwabtanta, sannan yaƙin Aljeriya. Duka biyun yaƙe-yaƙe ne da Faransa ta yi don hana mutanen da take mulka samun 'yanci, kuma duka biyun ta ƙare da tattara kayanta. A 1957 ya samu galar saje. Abokan zamaninsa da suka bi hanyar makarantar malamai ta William Ponty suna ta kafa jam'iyyu suna shiga majalisa a shekarun nan. Shi bai san wannan duniya ba, kuma har ya mutu bai yarda da ita ba.

Sojan sabuwar ƙasa a tsohon gida

Nijar ta samu 'yancin kai ranar 3 ga watan Agusta na 1960. A 1961 aka kafa rundunar sojan ƙasa, FAN, da 'yan Nijar ɗin da Faransa ta sallamo daga tata rundunar, cikinsu har da Kountché. Sabuwar rundunar ba ta gina gidanta ba, tsofaffin barikokin Turawa ta shiga. Misalin da kowa ya sani shi ne na Damagaram, inda ganuwar sojan da Faransawa suka gina bisa duwatsu suka sa mata sunan Kaftin Cazemajou ta koma hannun sojan Nijar, yau kuma tana ɗauke da sunan Sarki Tanimun. An sake suna da tuta, amma tsarin horo da jerin galoli da harshen ba da umarni duk na Faransa ne.

Su ma Faransawan ba su tafi duka ba. Yarjejeniyar tsaro ta watan Afrilu na 1961, wadda Nijar da Cote d'Ivoire da Dahomey suka sa wa hannu tare da Faransa, ta bar sojan Faransa da sansaninsu a Yamai, ta kuma ba Faransa fifiko a kan ma'adinan da ke da amfani ga tsaro, irin su yuraniyom. Shugaba Diori Hamani ya fi dogara da waɗannan baƙi da kuma 'yan bangar jam'iyyar PPN-RDA fiye da sojansa, musamman bayan da 'yan Sawaba na Djibo Bakary suka ɗauki makamai a 1964.

Kountché ya yi karatun hafsoshi a Faransa a 1965 zuwa 1966, ya dawo ya zama mataimakin babban hafsan hafsoshi. A 1973 Diori ya ɗora shi a kan rundunar baki ɗaya, a madadin Kanar Balla Arabé.

Daren 15 ga Afrilu

Lokacin da ya karɓi wannan muƙami, ƙasar na cikin fari tun 1968. Dabbobi sun ƙare a arewa, rumbuna sun bushe, mutane sun kwararo bakin garuruwa suna neman abin sawa a baka. Taimakon abinci na shigowa daga waje, amma magana ta cika gari cewa wasu manyan jam'iyya na karkatar da shi suna sayarwa. Ɗalibai da malaman makaranta suna ta yajin aiki. Sojan da ake aikawa cikin karkara sun ga halin da talakawa ke ciki da idonsu.

A waje ma abubuwa sun cakuɗe. Bayan tashin farashin man fetur a 1973, Diori ya matsa wa Faransa lamba ta ƙara kuɗin yuraniyom ɗin da kamfanin SOMAÏR ya fara haƙowa a Arlit tun 1971. Ya kuma ƙulla yarjejeniyar tsaro da Libiya, abin da bai yi wa hafsoshinsa daɗi ba. Ranar 2 ga watan Afrilu na 1974 Shugaba Georges Pompidou ya rasu, hankalin Paris ya koma kan zaɓe.

Cikin daren da ya wayi Litinin 15 ga watan Afrilu, a hutun Ista, sojoji suka auka wa fadar shugaban ƙasa. Aka kama Diori. Matarsa, Hajiya Aïssa Diori, na cikin waɗanda suka rasa ransu. Sojan Faransa da ke Yamai ba su fito daga sansaninsu ba. Da gari ya waye, Laftanan-Kanar Seyni Kountché ya sanar da jingine kundin tsarin mulki, da rusa majalisar dokoki, da haramta jam'iyyu. Mulki ya koma hannun Majalisar Ƙoli ta Soja, CMS.

Ba a daɗe ba sabuwar hukumar ta buƙaci sojan Faransa su bar ƙasar, suka kuwa fita cikin shekarar, sansaninsu na Yamai ya koma hannun FAN. Tsohon sajen Faransa ne ya rufe wannan babi. Sai dai bai yanke hulɗa da Paris ba: kamfanonin Faransa sun ci gaba da haƙar yuraniyom, aka kuma sake sabuwar yarjejeniyar haɗin gwiwa a 1977.

Ƙasa a matsayin bariki

Aikin farko da CMS ta sa gaba shi ne ciyar da mutane. Aka fito da motocin soja suna jigilar hatsi da iri zuwa ƙauyuka, aka ƙarfafa OPVN, ma'aikatar da ke ajiye cimaka, don ƙasa ta riƙa samun abin da za ta faɗa a kai ranar da damina ta ƙi. Aka saki fursunonin siyasa, 'yan gudun hijira suka dawo, har da Djibo Bakary. Kountché ya yi wa jama'a alkawarin cewa ba zai bari yunwa ta kashe ɗan Nijar ba, kuma a kan wannan alkawari ya gina mutuncin mulkinsa.

Sa'a ta zo masa ta fuskar kuɗi. Farashin yuraniyom ya yi tashin gwauron zabo a tsakiyar shekarun 1970, kamfani na biyu, COMINAK, ya fara aiki a Akouta a 1978. Da wannan kuɗi aka soke harajin kai, wato lanho, wanda talaka ke biya tun zamanin kwamandan Filinge. Aka shimfiɗa kwalta daga Tawa zuwa Arlit, aka kafa SONICHAR mai samar da wuta da gawayin Anu Araren, aka kafa ONAHA a 1978 don noman rani a bakin kogi da fadamu. A Yamai aka gina Otal Gaweye da babban zauren taro na Palais des Congrès. Gasar kokowa ta takobin ƙasa, wadda aka fara a Tawa a 1975, ita ma a zamaninsa aka haife ta.

Yadda yake tafiyar da aiki kuwa, na babban saje ne mai zagayen duba bariki. Yakan faɗo ofis da sassafe ba sanarwa, ya ga wanda ya zo da wanda ya makara. Yakan tara manyan ma'aikata a taro, ya titsiye darekta da tambayoyi a gaban kowa, rediyo da talabijin suna watsawa. Wanda aka samu da cin dukiyar ƙasa, gidan kaso ne makomarsa, ko ɗan wane ne. Jahohin ƙasar ya damƙa su ga hafsoshi a matsayin perefe, kamar Tandja Mamadou da ya riƙe Maraɗi, daga baya Tawa. A madadin jam'iyyu, ya farfaɗo da samariya, ya haɗa ta da ƙungiyoyin haɗin gwiwar manoma cikin tsarin da ya kira Société de développement, wanda ya hau daga ƙauye zuwa majalisar ƙasa, kowane mataki na ƙarƙashin na sama da shi. An ba talaka wurin faɗin buƙatarsa ta rijiya ko makaranta. Wurin cewa bai yarda da shugaba ba ne babu.

Ɗakunan tsaro

A bariki, musu da na gaba laifi ne, kuma haka Kountché ya ɗauki ƙasa. Diori ya yi shekara shida a tsare, akasari a barikin soja na Damagaram, kafin a maido shi Yamai cikin ɗaurin talala. Boubou Hama, tsohon shugaban majalisa kuma marubuci, a Agadas aka tsare shi. A can ƙuryar arewa maso gabas, tsohon sansanin soja na Dao Timmi, cikin hamadar Jado, ya zama kurkukun da ambaton sunansa kaɗai ke sa gaban mutum faɗuwa. Gine-ginen da aka yi don tsare ƙasa daga waje sun koma wurin tsare 'yan ƙasa.

Abokan juyin mulkin ma ba su tsira ba. A watan Agusta na 1975 aka kama Kwamanda Sani Souna Sido, mutum na biyu a CMS, bisa zargin shirya maƙarƙashiya, aka haɗa da Djibo Bakary. Sani Souna Sido bai fito da rai ba, a tsare ya mutu a Agadas. A watan Maris na 1976 Kwamanda Moussa Bayéré da Kaftin Sidi Mohamed suka yi yunƙurin kifar da gwamnati, abin ya ci tura, aka yanke musu hukuncin kisa tare da wasu, aka kuma zartar. Daga nan tsoro ya ƙara shiga mulkin. 'Yan leƙen asirin da aka sani da Coordination suka bazu cikin tashoshi da kasuwanni da ofisoshi. A watan Mayu na 1983 aka kwashi ɗaliban jami'a zuwa barikin Tondibiya, inda ɗaya daga cikinsu, Amadou Boubacar, ya rasu. Har yau dandalin taron ɗalibai a jami'ar Yamai na ɗauke da haruffan sunansa.

Abin da ya fi girgiza shi ya zo ne daga cikin gida. A watan Oktoba na 1983, yana taron Faransa da Afirka a garin Vittel, na hannun damansa Amadou Oumarou, wanda aka fi sani da Bonkano, mutumin da ya damƙa wa sirrin tsaronsa, ya yi yunƙurin ƙwace mulki. Yunƙurin ya watse, Bonkano ya tsere ƙasar waje.

Shekarun ƙarshe

A daidai wannan lokaci kuɗin ma sun janye. Farashin yuraniyom ya faɗi tun farkon shekarun 1980, bashin da aka ci lokacin wadata ya zo biya, har a 1983 Nijar ta nemi agajin Asusun Lamuni na Duniya tare da sharuɗɗansa na tsuke bakin aljihu. Sai ga farin 1984. Najeriya ta rufe iyakarta a shekarar, ƙarƙashin Janar Muhammadu Buhari, hatsin da aka saba shigowa da shi daga kudu ya yanke, shi ya sa a ƙasar Hausa ta Nijar ake kiran wannan yunwa El Buhari. Kountché bai ɓoye matsalar ba. Ya fita neman taimako da kansa, har ya gana da Shugaba Ronald Reagan a Amurka cikin watan Disamba na 1984. An sha wuya ƙwarai, dabbobi sun sake ƙarewa, amma rabon abincin ya fi na shekaru goma baya tsari nesa ba kusa ba. A wannan shekara ce kuma aka yi babban taron Maraɗi kan yaƙi da hamada.

Ya fara sassauta riƙon soja a hankali. Fararen hula suka maye gurbin hafsoshi a ma'aikatu. A watan Janairu na 1983 ya ƙirƙiro muƙamin firaminista ya ba Mamane Oumarou, a watan Nuwamba kuma Hamid Algabid ya gaje shi. Ranar 14 ga watan Yuni na 1987 aka yi ƙuri'ar raba gardama kan Charte nationale, takardar da aka ce ita ce matakin farko na komawa ga kundin tsarin mulki. Amma tun ƙarshen 1986 ciwon ƙwaƙwalwa ya kama shi, yana ta kai da komo tsakanin Yamai da asibitin Paris. Bai ga ƙarshen aikin ba. Aka kawo gawarsa gida, aka rufe shi a Fandu.

Abin da ya bari

Da ya rasu babu majalisar da jama'a suka zaɓa, babu dokar da ta faɗi wanda zai gaje shi. Hafsoshi ne suka zauna tsakaninsu, ranar 14 ga watan Nuwamba suka ba Kanar Ali Saïbou mulki. Shi ne ya buɗe ƙofofin kurkuku, ya kawo abin da aka kira sassauci. A 1991 Babban Taron Ƙasa ya kafa kwamitin binciken laifuffuka da cin zarafin da aka yi a baya, iyalan waɗanda aka kashe ko aka tsare suka samu bakin magana karo na farko.

Hanyar da ya buɗe a 1974 ba ta rufe ba. Ibrahim Baré Maïnassara, wanda ya yi masa dogari na kusa tun yana ƙaramin hafsa, ya yi nasa juyin mulkin a 1996. Aka sake yi a 1999, da 2010, da kuma 26 ga watan Yuli na 2023, wanda ya kawo Janar Abdourahamane Tiani, shi ma ɗan yankin Filinge. A watan Disamba na 2023 sojan Faransa suka sake fita daga Nijar, kusan shekara 50 bayan fitarsu ta zamanin CMS. A Mali ma, barikin Kati inda Kountché ya koyi fareti, wanda yanzu ke ɗauke da sunan Soundiata Keïta, daga nan juyin mulkin 2012 da na 2020 suka taso.

Masu kewar Kountché suna da hujja. Ba a san shi da tara dukiya ba, kuma a zamaninsa ma'aikaci ya san akwai mai tambayarsa. Waɗanda ba su yafe masa ba su ma suna da tasu hujjar, domin akwai gidajen da har yau ba a gaya musu yadda nasu ya mutu ba. Tsarin da ya kafa ya rataya ne a wuyan mutum ɗaya mai zagayen duba aiki da kansa, kuma tsoron da ke sa ma'aikaci zuwa ofis da wuri bai daɗe ba bayan mai zagayen ya kwanta dama. Babban filin wasa na Yamai na ɗauke da sunansa. Kabarinsa kuwa na Fandu, a ƙasar da aka ɗauke shi yana yaro aka kai shi bariki.